LABARIN IYAN-TAMA DA FIM ƊINSA TSINTSIYA

Wannan ita ce laccar da Magatakardan jam'iyyarmu na Reshen Rano ya karanta a gaban taron wakilan Rano da Kibiya. Mun buga ta duka saboda 'yan'uwa waɗanda ba su sami halarta ba.

Shugaban taro, Allah ya ba ka nasara. Iyayenmu dattawa, iyayenmu mata, malamai, da 'yan'uwa samari, muna yi muku barka da zuwa. Muna gode wa wakilan Rurum da Saji da Zurgu, da waɗanda suka taso tun daga Tarai da Durba a ƙasar Kibiya, suka bar ayyukansu suka zo garin Autan Bawo domin wannan taro. Allah ya saka muku da alheri.

Mun sani sa'ad da aka ce laccar yau a kan wani mai shirya fim ce, wasu sun ce, ina ruwan jam'iyya da 'yan wasan kwaikwayo? Ga tsadar taki, ga hanyoyinmu sun lalace, ga asibiti ba magani, sai a tara mu a kan zancen fim? Wannan tambaya tana kan hanya. Amma muna roƙo ku kasa kunne har mu kai ƙarshe. Mutumin da za mu ba ku labarinsa ya kwana wata biyu da rabi a kurkuku a kan hukuncin da daga baya babbar kotu ta rushe. Sandar da aka buge shi da ita kuwa ba a karya ta ba, tana nan a jingine, kuma ta fi sauƙin kaiwa kan ɗan Kibiya da kan mai suna irinsa.

DAGA MAJIGI ZUWA KASET

Kafin mu shiga labarin mutumin, sai mu waiwaya baya kaɗan. Dattawan da ke zaune a nan sun ga zamanin majigi. Mota ce ta Gwamnati ta kan zo gari da maraice, a kafa farin allo a ƙofar gidan hakimi ko dagaci, in dare ya yi a haska hoto. Abin da a ke nunawa shi ne yadda za a shuka auduga da gyaɗa, da tsabtar gida, da zuwan manyan baƙi, da hawan sarakuna. Ba mu ce babu amfani a ciki ba. Amma majigi bakin Gwamnati ne. Ita ke zaɓen abin da za a nuna, ita ke biyan mai fassara, talaka nasa kallo ne kawai. Gidajen silima da aka gina a Kano, tun daga Rex a 1937, su kuma finafinan Amurka da Ingila da Indiya su ke nunawa, ba namu ba.

Abin da ya sake wannan al'amari shi ne zuwan na'urar bidiyo. A 1990 ƙungiyar wasan kwaikwayo ta Tumbin Giwa a Kano ta fitar da Turmin Danya a kaset, aka sayar a kasuwa. Daga nan samari suka gane ashe ba sai da kuɗin Gwamnati a ke yin fim ba. In ka sami kyamara ko da ta haya ce, da abokai, da labari, sai ka yi abinka ka kai Ƙofar Wambai a sayar. Kafin shekara goma sana'ar ta cika gari, ta ɗauki marubuta da mawaƙa da teloli da direbobi da masu sayar da abinci, har aka laƙaba mata suna Kannywood a 1999. Mu ma a nan ƙasar Rano mun ga abin da idonmu, gama sau da yawa motocin 'yan fim sun bi ta wannan yanki zuwa bakin ruwan Tiga ɗaukar hoto.

Watau abin da ya faru shi ne, hoto mai motsi ya fita daga hannun hukuma ya faɗa hannun 'ya'yan talakawa. Ku riƙe wannan magana, domin ita ce tushen duk rigimar da ta biyo baya.

WANE NE IYAN-TAMA?

Alhaji Hamisu Lamido Iyan-Tama mutumin Kano ne, yana cikin waɗanda suka shiga wannan sana'a tun cikin shekarun 1990, kafin ta yi farin jini. Ya kafa kamfaninsa na kansa mai suna Iyan-Tama Multimedia. Shi ke neman jari, shi ke shirya fim, kuma ya kan fito a ciki. Ɗakin kiɗan kamfaninsa yana cikin na farko da suka riƙa yi wa finafinan Hausa kiɗa da fiyano ƙirar Yamaha, har wasu kamfanoni su kan kai aikinsu can. Cikin finafinansa na wancan lokaci akwai Ƙilu Ta Ja Bau, wanda da yawa cikinmu suka kalla a gidajen kallo na wannan gari muna yara.

Mutum ne mai cin gashin kansa. Ba ma'aikacin gidan talabijin na Gwamnati ba ne, ba shi da albashi a ƙarshen wata. In fim ya karɓu ya ci riba, in ya faɗi shi ke da hasara. Manomi ya san irin wannan zama, gama shi ma bashi ya ke ci ya zuba a ƙasa ya jira ikon Allah.

Sa'an nan ya yi wani abin da 'yan sana'arsa ba su saba yi ba. A zaɓen watan Afrilu na shekarar mulkin farar hula ta takwas, watau zaɓen 2007, ya tsaya takarar Gwamnan Jihar Kano a ƙarƙashin wata ƙaramar jam'iyya mai suna New Democrats. Bai ci ba. Malam Ibrahim Shekarau na jam'iyyar ANPP shi ya koma kan kujera karo na biyu. Amma tun daga ranar kowa ya san Iyan-Tama ba ɗan wasa kaɗai ba ne, ɗan hamayya ne kuma, mai faɗin abin da ke ransa.

YADDA GUGUWA TA TASO

Tun a ƙarshen shekara ta 2000, bayan an ƙaddamar da Shari'a a Kano, Gwamnatin Injiniya Rabi'u Musa Kwankwaso ta dakatar da harkar fim. A 2001 aka kafa Hukumar Tace Finafinai ta Jiha, aka ce kowa ya yi rajista, kuma kada a fitar da fim sai hukuma ta duba. A can sama kuma akwai Hukumar Tace Finafinai ta Ƙasa, wadda dokar soja ta 1993 ta kafa. Tsarin mulkin Nijeriya ya bai wa Tarayya da Jiha duka ikon tace fim. Saboda haka mai fim a Kano yana da iyayen gida biyu, kowanne da kuɗinsa da takardarsa.

A watan Agusta 2007 wani hoton batsa da aka ɗauka da wayar hannu ya bazu a gari, aka ga fuskar wata 'yar fim a ciki. Wannan hoto ba fim ba ne, ba kamfanin da ya shirya shi, ba a kai shi kasuwa ba. Amma ran jama'a ya ɓaci, kuma ɓacin ran yana da dalili. Gwamnati ta naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim, wanda dā mataimakin kwamandan Hisba ne, ya shugabanci hukumar. Aka hana ɗaukar fim a Jihar Kano har wata shida, aka fito da sababbin sharuɗɗa masu tsauri. Laifin mutum biyu ya shafi dubban masu neman abinci. Da yawa suka kwashe kayan aikinsu suka koma Kaduna da Jos da Abuja.

Akwai kuma kotun tafi-da-gidanka wadda aka keɓe domin ƙararrakin wannan hukuma. A nan aka ɗaure Adam A. Zango wata uku a watan Satumba 2007 a kan faifan waƙoƙinsa mai suna Bahaushiya. A nan aka ɗaure marigayi Rabilu Musa Ibro wata biyu a watan Oktoba 2008, mutumin da babu gidan da bai sa dariya ba a ƙasar nan. Banda waɗannan masu suna, akwai masu shagon kaset da masu gidan kallo da yawa da aka ci tara ko aka ɗaure, ba wanda ya buga sunansu a jarida.

TSINTSIYA

A cikin wannan hali ne Iyan-Tama ya shirya fim ɗinsa Tsintsiya. Kada wani ya ɗauka tsintsiyar wata jam'iyya ce. Tsintsiyar karin magana ce, mai maɗauri ɗaya, wadda in an zare tsinke guda yaro ma ya karya shi, in tana ɗaure kuwa ta share gida. Ofishin Jakadancin Amurka ya taimaka da kuɗin aikin. An ɗauko ƙashin labarin daga wani shahararren wasan Amurka mai suna West Side Story, wanda aka mai da shi fim a 1961, aka juya shi ya dace da ƙasarmu. Labari ne na saurayi da budurwa waɗanda ƙabila da addini suka raba gidajensu, manufarsa kuwa a jawo hankalin Musulmi da Kirista su zauna lafiya.

Ko Kano tana bukatar irin wannan jan hankali? Ku tambayi wanda ya ga tarzomar watan Mayu 1953, ko ta watan Oktoba 1991, ko ta watan Mayu 2004, inda aka kashe bayin Allah aka ƙone dukiya. Mu a wannan yanki mun fi kowa sanin darajar zaman tare. A ƙauyukanmu akwai gidajen da wa Musulmi ne, ƙane Kirista, kakansu ɗaya Bamaguje, rijiya ɗaya su ke sha, kasuwa ɗaya su ke ci. Wasunmu da ke nan tare da 'ya'yan irin waɗannan gidaje muka zauna aji ɗaya, kuma ba mu ga abin da ya rage mu da shi ba.

A watan Mayu 2008 aka nuna Tsintsiya a bikin finafinai na Zuma a Abuja, wanda Hukumar Finafinai ta Nijeriya ke shiryawa. Fim ɗin ya ci lambar yabo a fannin finafinan da ke magana a kan matsalolin jama'a. Iyan-Tama ya komo gida da lambarsa. Maimakon a tarye shi da kalangu, sai aka kama shi.

Laifi biyu aka ɗora masa. Na ɗaya, wai yana tafiyar da kamfani ba tare da rajistar hukumar Jiha ba. Na biyu, wai ya saki Tsintsiya a Kano ba tare da hukumar ta tace ba. Shi kuma ya ce yana da rasit na sabunta rajistarsa ta wannan shekara. Ya ce Hukumar Ƙasa ta duba fim ɗin ta ba shi takarda. Ya ce kuma ya riga ya yi shela a fili cewa wannan fim ba na sayarwa ba ne a Jihar Kano. Masu ƙara suka ce su dai an sami fim ɗin a Kano. Aka ba da belinsa, aka yi ta jan shari'a wata da watanni.

Ran 30 ga Disamba 2008 kotun tafi-da-gidanka ta yanke masa ɗaurin wata uku da tarar N300,000. Aka wuce da shi kurkukun Goron Dutse cikin tsakiyar hunturu. Lauyoyinsa suka ɗaukaka ƙara, suka nemi beli, aka yi ta ɗaga zama yau da gobe. Sai a watan Maris 2009 magana ta zo gaban Babbar Kotun Jiha sosai. A nan Babban Lauyan Gwamnatin Kano da kansa ya amsa cewa shari'ar da aka yi a ƙaramar kotu ba ta bi ƙa'ida ba, kuma akwai kuskure a ciki. Babbar Kotu ta rushe hukuncin, ta ce a sake shari'a, aka sake shi bisa beli.

To, jama'a, ku yi lissafi da kanku. Ɗaurin wata uku aka yanke. Ya shiga ƙarshen Disamba, ya fito tsakiyar Maris. Watau sa'ad da gaskiya ta iso, ya riga ya kusa cinye wa'adin duka. Alƙali yana iya soke abin da aka rubuta a takarda, amma wa zai mayar masa da kwanakin da ya yi a ɗaure? Wa zai biya shi cinikin da ya tsaya, da ma'aikatan da suka watse, da kwanan zullumi da iyalinsa suka yi?

ABIN DA MUKA GANI A CIKI

Mutane da yawa a lokacin sun ce siyasa ce, an rama takarar da ya yi ne. Hukumar kuwa ta ce ita doka ta ke bi, ba ruwanta da siyasar kowa. Mu ba mu shiga zuciyar kowa ba, Allah kaɗai ya san abin da ke ɓoye. Kuma ba sai mun shiga ba. Abin da ke fili ya ishe mu. An shirya al'amari ta yadda hukuma ɗaya ita ke ba da lasisi, ita ke kai samame, ita ke kai ƙara, kuma ga kotu an keɓe domin ƙararrakinta. In aka yi irin wannan shiri, ko waliyyi aka ɗora a kan kujerar, wata rana sai an zalunci wani. Balle kuma kujera ba ta zama hannun mutum ɗaya har abada.

Wannan kuwa ba sabon abu ba ne a ƙasar nan. Iyayenmu da suka bi jam'iyyar NEPU, wadda aka kafa a Kano ran 8 ga Agusta 1950, sun san shi sarai. Ba a cika kama ɗan NEPU a ce don yana NEPU ba ne. Sai a ce ya yi lacca ba izini, ko ya yi wa hakimi rashin kunya, ko ya tara mutane. A kai shi gaban alƙalin En'e, kafin la'asar an yanke masa wata uku ko wata shida. Kafin ƙara ta kai sama, zaɓe ya wuce. Haka aka yi ta ɗaure Hajiya Gambo Sawaba ba sau ɗaya ba, ba sau biyu ba. A Jihar Yamma kuma, a 1964, Gwamnatin Akintola ta hana Hubert Ogunde yin wasa a duk faɗin Jihar saboda wasansa Yoruba Ronu, ba a ɗage hanin ba sai da soja suka karɓi mulki a 1966. Dabarar dai ɗaya ce tun zamanin Turawa, ba a ce maka an hana ka magana, sai a ce takardarka ba ta cika ba.

Kada kuma wani ya ce wannan halin jam'iyya ɗaya ne. Gwamnatin da ta ɗaure Iyan-Tama ta sauka a 2011, amma sandar ba ta sauka tare da ita ba. A watan Agusta 2019, zamanin Dokta Abdullahi Umar Ganduje, an kama darakta Sunusi Oscar a kan zancen sakin waƙa ba tacewa, a watan Satumba kuma aka kama mawaƙi Naziru Ahmad a kan irin wannan tuhuma, kuma kowa ya san ba ɓangaren Gwamnati su ke ba a lokacin. A watan Nuwamba 2022 wata kotun majistare a Kano ta yanke wa wasu samari biyu bulala 20 kowannensu, da tarar N10,000, da sharar harabar kotu kwana 30, saboda wani ɗan wasan barkwanci da suka yi a TikTok a kan Gwamna. Gwamnatin da ta hau a 2023 ita ma, hukumarta ta soke lasisin 'yan fim duka ta ce a sake sabo, a watan Mayu 2025 kuma ta dakatar da finafinai masu dogon zango guda 22 a rana ɗaya, har da Labarina da Daɗin Kowa. Kun ga ke nan, wanda ya yi kuka da sandar jiya, in ta zo hannunsa yau ba ya jefar da ita.

AMSA GA MASU CEWA TARBIYYA

Mun san abin da wasu iyayenmu ke riƙe da shi a zuci, kuma ba za mu kauce masa ba. Suna cewa, to, a bar 'yan fim su yi abin da suka ga dama ke nan? A bar rawa da tsiraici su shiga ɗakunan 'ya'yanmu? A'a, ba mu ce haka ba. Mu ma iyaye ne, mu ma muna da ƙanne mata. Akwai finafinan da mu kanmu ba mu yarda a kalla a gidajenmu ba. Jam'iyyarmu ba ta ce a rushe tace fim ba, kuma ba za ta ce ba.

Amma ku duba tuhumar da aka yi wa Iyan-Tama. Ba a ɗaure shi a kan an ga batsa a Tsintsiya ba. A kan rajista da takarda aka ɗaure shi. Wace tarbiyya aka gyara da kwanansa a Goron Dutse? Addinin da a ke cewa a na karewa, shi ne ya ce mai ƙara shi ke kawo hujja, shi ne ya hana alƙali yanke hukunci kafin ya saurari ɓangare biyu. Tsarin mulkin 1999 ma, sashe na 36 ya ba kowane ɗan ƙasa hakkin a saurare shi a gaban kotun da ba ta karkata ba, sashe na 39 ya ba shi hakkin faɗin ra'ayinsa. Wanda ya ke son tarbiyya da gaske shi ya kamata ya fi kowa ƙin zalunci, gama yaron da ya ga an ɗaure mutum ba bisa ƙa'ida ba, darasin da ya koya shi ne mai ƙarfi ke da gaskiya.

Mu tuna kuma da abin da ya faru a maƙwabtanmu. A 2016 Gwamnatin Tarayya ta yi niyyar gina ƙauyen shirya finafinai a Kofa cikin ƙasar Bebeji, na kuɗi wajen Naira biliyan 3. Malamai da jama'a da yawa suka ƙi, aka janye. Ba mu zo nan mu ce wane ya yi daidai wane ya yi kuskure ba, gama a cikin wannan taro ma ra'ayi ya rabu a kai. Abin lura shi ne, an yi gardama a fili, a masallatai da gidajen rediyo, kowa ya faɗi nasa, ba a ɗaure kowa ba. In jama'a suna iya tsai da aikin biliyan 3 da bakinsu kawai, ashe ba a bukatar kurkuku kafin a gyara fim.

INA RUWAN RANO DA KIBIYA?

Yanzu mu komo kan tambayar da muka fara da ita. A zamanin Turmin Danya sai mai hali ke iya hayar kyamara. Yau kyamara tana aljihun kowane saurayi da ke zaune a bayan wannan rumfa. Yaranmu suna ɗaukar wasan barkwanci, suna ɗaukar waƙa, suna ɗaukar hoton gadar da ta karye da ajin da ba rufi, suna sakawa a Facebook da YouTube da TikTok. Kowannensu ƙaramin Iyan-Tama ne, ko ya sani ko bai sani ba.

Bambancin kawai shi ne, Iyan-Tama yana da suna. Yana da lauyoyi, jaridu sun bi shari'arsa, ƙungiyoyin kare hakkin ɗan Adam sun yi magana, har a ƙasashen waje an ji labarinsa. Duk da haka sai da ya yi wata biyu da rabi. To, yaya ɗan Tarai ko ɗan Saji, wanda ubansa sai ya sayar da akuya kafin ya sami kuɗin motar zuwa Kano? In an aske gemun ɗan'uwanka, sai ka shafa wa naka ruwa.

ABIN DA MU KE NEMA

Saboda haka wannan Reshe yana kawo shawarwari biyar, muna roƙon wakilai su kai su mazaɓunsu a tattauna, sa'an nan a aika da su hedkwatar jam'iyya.

Na ɗaya, kada a sake keɓe wa wata hukuma kotu tata ta kanta. Wanda Hukumar Tace Finafinai ke ƙara, a kai shi kotun da a ke kai kowa.

Na biyu, laifin rajista da takarda kada ya zama na ɗauri. A yi gargaɗi a rubuce, a ba da wa'adi, in mutum ya ƙi a ci shi tara daidai ƙarfinsa.

Na uku, duk wanda aka yanke wa ɗaurin da bai wuce wata shida ba, in ya ɗaukaka ƙara, a ba da belinsa nan da nan har a gama, domin kada ya cinye wa'adi kafin a duba ƙararsa.

Na huɗu, wanda babbar kotu ta rushe hukuncinsa bayan ya riga ya kwana a kurkuku, Gwamnati ta biya shi diyyar kwanakinsa. In kuskure yana cin kuɗin baitulmali, za a rage yinsa.

Na biyar, a buga sharuɗɗan hukumar da kuɗin kowace takarda da Hausa, a manna a sakatariyar kowace Ƙaramar Hukuma, har Rano da Kibiya da Bunkure, domin kada a kama yaro da dokar da bai taɓa gani ba.

Ga samarinmu kuma muna da gargaɗi. Duk kuɗin da kuka biya a ofis, ku karɓi rasit, ku adana shi kamar takardar gona. Kada ku yi wa kowa ƙazafi, kada ku zagi iyayen kowa, kada ku sa abin da za ku ji kunya uwarku ta gani. Abin da kuka gani da idonku na ɓarna, ku faɗe shi da hujja. In an kama ɗayanku, a sanar da ofishin Reshe a ranar, kada a bari sai an kwana uku a na neman wanda ya san wani.

Magana ta ƙarshe a kanmu ta ke, mu 'yan wannan jam'iyya. Yau muna hamayya, bakinmu da daɗin faɗin gaskiya. Waɗanda suka riƙe sandar nan a baya, kowannensu ya taɓa zama ɗan hamayya, ya taɓa tsayawa a rumfa irin wannan ya yi kukan zalunci. In Allah ya ba mu mulki, lalle wata rana wani yaro zai yi waƙa ko wasa ya yi mana ba'a, ranmu ya ɓaci, wani daga cikinmu ya ce a duba ko takardarsa ta cika. Muna roƙon a rubuta waɗannan shawarwari biyar a littafin taro da sunan Reshen Rano da Kibiya, kowane wakili ya sa hannu, domin in ranar ta zo a buɗe littafin a karanta mana.

Shugaban taro, iyakar abin da muka zo da shi ke nan. Inda muka yi kuskure a gafarce mu. Allah ya ba talakawa sawaba, ya mai da kowa gidansa lafiya.